Sun Ce Raki Ne, Har Na Fara Shakkar Kaina

Assalamu alaikum Anti. Shekaruna 29, ina shekara ta uku da aure, Allah bai kawo haihuwa ba tukuna. Tun ina budurwa nake fama da ciwon mara duk wata, amma a 'yan shekarun nan abin ya ƙazanta. Yana farawa tun kafin jini ya zo, in ya kama ni ko miƙewa ba na iya yi, wani lokaci har da amai. In na shiga banɗaki a kwanakin, ji nake kamar ana yanka ni da wuƙa. Saduwa ma ta zama abin fargaba. Na je asibiti, aka yi mini hoton ciki, likita ya ce komai lafiya lau, in rage damuwa, ya rubuta mini Paracetamol. Mahaifiyata ta ce kowace mace haka take, in na haihu zai tafi. Maigidana mutumin kirki ne, amma tun da ya ji sakamakon hoton sai ya fara cewa raki ya yi mini yawa. A wurin aiki an fara yi mini kallon mai ƙirƙirar uzuri. Da abin ya ishe ni sai na rubuta halin da nake ciki a Facebook. Wasu sun jajanta, wasu mata sun turo saƙo a ɓoye cewa su ma haka suke, amma wasu suka ce neman tausayi nake, wata ma ta ce ita da ta haifi biyar ba ta yi wannan surutun ba. Na goge rubutun. Yanzu ni da kaina na fara tunanin ko dai ni ce raguwa. Yaya zan yi a yarda da ni? Kuma laifi na yi da na rubuta?

Daga wata 'yar'uwa

Wa'alaikumus salam, ƙanwata. Sannu da jiki, Allah ya ba ki lafiya. Ba raguwa ba ce ke, kuma ba don in faranta miki nake faɗar haka ba, abin da kika lissafo ne ya nuna. Ciwon marar da aka saba gani yana farawa ne daf da zuwan jini ko tare da shi, ya yi kwana ɗaya zuwa uku, ya ji magani, kuma yawanci yana sassautawa da shekaru. Naki yana riga jinin zuwa, yana ƙaruwa maimakon raguwa, ya shiga bahaya, ya shiga saduwa, yana hana ki aiki. Duk likitan matan da ya ji waɗannan a jere zai so ya bincika ko akwai wata cuta a ƙarƙashi. Ba zan iya gaya miki daga wasiƙa ko wace ce ba, amma zan gaya miki abin da ya kamata a nema da yadda za ki sa a nema.

Ta farko da za a yi zargi ita ce endometiriyosis. Wani nama ne mai kama da shimfiɗar cikin mahaifa yake tsirowa a wajenta: a kan ma'ajiyar ƙwai, a bayan mahaifa, a jikin hanji ko mafitsara. Duk wata yana amsa sinadaran jiki yadda na cikin mahaifa ke amsawa, sai ya kumbura, ya jawo kumburi a kewayensa, a hankali ya bar tabo mai manne gaɓoɓi da juna. Shi ya sa ciwon ke taɓa bahaya da saduwa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa kusan kashi 10 cikin 100 na mata da 'yan mata masu shekarun haihuwa suna da ita, wato kimanin mutum miliyan 190, kuma mace takan shafe shekaru tana yawon asibiti kafin a gano. Akwai kuma adenomayosis, inda naman ke kutsawa cikin tsokar mahaifar kanta, da ƙarin mahaifa da ake kira faibiroid, da tsohon ciwon sanyi da ya hau sama. Kowanne da maganinsa daban, shi ya sa suna yake da muhimmanci.

Ki riƙe wannan da kyau, domin a nan aka ɓatar da ke da maigidanki: hoto mai kyau ba ya wanke mace daga endometiriyosis. Hoton da ake ɗora na'ura a kan ciki yana iya nuna ƙari ko ƙullin da ya taru a ma'ajiyar ƙwai, amma ƙananan ɗigo-ɗigon da ke shimfiɗe a bangon ƙugu ba ya ganin su. Hoton da ake yi ta gaba ya fi shi gani, musamman a hannun wanda ya ƙware, haka ma na MRI, wanda ake ɗauka da babbar na'ura mai maganaɗisu, amma su ma suna iya kasa ganin waɗannan ƙananan ɗigo-ɗigon. Wani lokaci sai an yi lafaroskofi, wato a sa siririyar kyamara ta ƙaramin huji kusa da cibiya, sannan a gani. Girman abin da aka gani ma ba shi ne ma'aunin ciwo ba, mai ɗan kaɗan tana iya fin mai yawa shan azaba. Don haka abin da hotonki ya ce shi ne ba a ga babban ƙari ba, bai ce ba ki da ciwo ba. Kuma ƙa'idojin da ƙungiyar likitocin haihuwa ta Turai ta fitar a 2022 sun yarda a fara wa mace magani bisa alamominta ba sai an jira tiyata ba.

Game da likitan da kika gani, ba na son ki ɗauke shi maƙiyi. Mai yiwuwa yana da layi mai tsawo a waje, ya ga hoto ba matsala, ya faɗi abin da ya fi sauƙin faɗa. Amma abin da ya same ki ba ke kaɗai ba ce, kuma an auna shi. A 2001 wasu masana biyu a Amurka, Diane Hoffmann da Anita Tarzian, sun tattara binciken da aka yi kan ciwo suka nuna cewa an fi jingina ciwon mace ga damuwa ko motsin rai. A 2008 wani bincike a sashen gaggawa na wani asibitin jami'a a Amurka ya gano cewa masu matsanancin ciwon ciki, in maza ne sukan jira kimanin minti 49 kafin a ba su maganin ciwo, in mata ne kimanin minti 65. A 2021 kuma an nuna wa mutane bidiyon masu ciwon kafaɗa, aka ce su kimanta zafin. Mace da namiji da suka faɗi zafi iri ɗaya, sai masu kallo suka rage na macen, suka fi ganin ita shawarar likitan ƙwaƙwalwa ta dace da ita, shi kuma magani. Abin da ya fi ba da mamaki shi ne, matan da ke cikin masu kallon ma haka suka yi. Dalilin da aka samu shi ne zaton cewa mata sun fi nuna ciwo a fuska, saboda haka sai a yi musu rangwame tun kafin su buɗe baki. Wannan ya jefa mace cikin tsaka mai wuya: in ta yi kuka a ce ta cika zuzutawa, in ta daure ta yi bayani a nutse a ce ai ba ta yi kama da mai ciwo ba.

Tunda fuska ba za ta fisshe ki ba ta kowace hanya, ki koma ga takarda. Ki samu littafi ko ki buɗe wuri a wayarki, ki riƙa rubutu kullum har wata biyu ko uku, ko da ranar babu ciwo. Ki sa kwanan wata, da ko rana ta nawa ce daga fara al'ada, da zafin ciwon daga 0 zuwa 10, da inda yake, da irinsa: murɗa ne, suka ne, ko nauyi mai sauka zuwa cinya da baya. Ki rubuta maganin da kika sha, nawa, ƙarfe nawa, kuma awa nawa ya riƙe ki. Ki ƙirga audugar da kika canja, ki lura ko akwai gudajin jini. Canja auduga duk awa ɗaya ko biyu, ko jinin da ya wuce kwana bakwai, ko gudajin da ya kai faɗin santimita biyu da rabi, duk alamun zubar jini ne mai yawa, kuma suna buƙatar a auna jininki. Abin da ya fi duka tasiri shi ne ki rubuta abin da ciwon ya hana ki: ban je aiki ba, ban yi barci ba, na yi amai, na kasa tsayuwa. Lambar zafi ana iya musun ta, domin takwas ɗin wani biyar ɗin wani ne. Amma "na rasa kwana uku na aiki a kowane wata" magana ce da take da wuyar turewa.

Ranar zuwa asibiti ki taƙaita duka a shafi ɗaya, ki nemi a haɗa ki da likitan mata. Kada ki fara da tarihin shekaru goma sha, lokacin ba zai isa ba. Ki fara da mafi nauyi: ciwon yana riga jini, yana ƙaruwa, yana zuwa da bahaya da saduwa, Paracetamol ba ya taɓa shi. Maganar saduwa da bahaya ita ce mata suka fi haɗiyewa saboda nauyin baki, kuma ita ce likita ya fi buƙata. In bakinki ba zai iya ba, ki miƙa masa takardar ya karanta. Sannan ki yi tambayoyi a fili: "Ban da damuwa, me kuma zai iya kawo wannan?" "Hoton da aka yi mini yana iya nuna endometiriyosis ƙarama?" "In wannan maganin bai yi ba nan da wata uku, mene ne mataki na gaba?" In aka ƙi tura ki gaba, ki roƙa cikin ladabi a rubuta alamominki da dalilin ƙin a katinki, sannan ki nemi ganin wani likitan. Wannan haƙƙinki ne, ba raini ba ne.

Ki kuma faɗa tun farko ko kina neman ciki yanzu, domin shi zai raba hanya. Yawancin magungunan da ke kwantar da wannan cuta, irin su ƙwayoyin da ke daidaita sinadaran mace, da Dienogest, da robar mahaifa mai sakin sinadari, suna hana ɗaukar ciki muddin ana amfani da su. In kuna nema kuma an wuce shekara guda ba labari, binciken na mutum biyu ne, shi ma maigida a duba maniyyinsa, gwaji ne mai sauƙi. Mata da yawa masu endometiriyosis suna haihuwa, kada wannan suna ya tsinka miki zuciya.

Kafin ki samu ganin likitan, ga abin da zai rage miki. Murɗar mara tana zuwa ne daga wani sinadari, furostagilandin, wanda ke sa mahaifa ta matse. Paracetamol ba ya rage shi sosai, dangin Ibuprofen ne ke hana jiki ƙera shi. Kuskuren da aka fi yi shi ne jira sai ciwo ya kai ƙarshe, alhali a lokacin sinadarin ya riga ya taru. A sha da alamar farko, miligiram 400 duk awa takwas bayan an ci abinci, na kwana biyu zuwa uku, kada ya wuce miligiram 1,200 a rana sai da izinin likita. Kada a haɗa shi da Diclofenac ko Naproxen ko Mefenamic acid, duk gida ɗaya suke, haɗa su yana cin ciki da ƙoda ba tare da ƙarin sauƙi ba. Ana iya haɗa shi da Paracetamol, shi kuma kada ya haura miligiram 4,000 a rana. In kina da gyambon ciki, ko ciwon ƙoda, ko asmar da irin waɗannan magunguna ke tayarwa, ko kina shan maganin tsinka jini, ko akwai yiwuwar kina da ciki, kada ki sha sai kin tambaya. Ɗumi a mara yana taimakawa ƙwarai: robar ruwan zafi a naɗe cikin tawul, ba a kan fata kai tsaye ba, kuma kada barci ya ɗauke ki a kanta. Tramadol da Codeine kuwa kada ki fara su da kanki, saurin kama jiki gare su. In kuma wata rana ciwo ya zo farat ɗaya a gefe guda, musamman in al'ada ta yi jinkiri, ko ya zo da jiri da suma, ko zazzaɓi, wannan na gaggawa ne a ranar, domin yana iya zama ciki a wajen mahaifa ko murɗewar ma'ajiyar ƙwai.

Sai maigida. Kin ce mutumin kirki ne, na kuma yarda, domin bai fara cewa raki ba sai da mai farar riga ya ce ba komai. Shi a ganinsa hujja ya bi. Wataƙila kuma akwai abin da bai faɗa ba: namijin da matarsa ke ɗari-ɗari da shimfiɗa yakan zaci shi ake gudu. Kada ki tayar da zancen a ranar da kike murƙususu, ko a daren da abin ya faru. Ki zaɓi ranar da kike da lafiya, ki nuna masa littafin, ki gaya masa cewa hoton ba ya ganin komai da komai, kuma ciwon da kike ji a saduwa ciwo ne na cikin jiki, ba ƙinsa ba ne. Sannan kada ki tsaya a "ka tausaya mini", domin mutane da yawa ba su san me za su yi da wannan roƙon ba. Ki ba shi aiki: ya raka ki asibiti ya faɗi abin da idonsa ya gani, ya ɗauke miki hidimar gida a kwanakin nan, ya daina kalmar raki, kuma in kin ce a dakata a shimfiɗa a dakata. Abin takaici ne, amma sau da yawa maganar wanda ya raka mara lafiya takan ƙara wa tata nauyi, ki yi amfani da hakan. Ba sai ya gama fahimta zai fara taimako ba, sau da yawa fahimtar a wurin taimakon take zuwa. In kuwa bayan duk wannan ya ci gaba da gori, ko yana tilasta miki alhali kina kuka, to magana ta tashi daga rashin sani, sai ki sa wani babba da yake jin maganarsa, ko ku zauna da likita tare.

Mama kuma ki yi mata uzuri. Da ta ce kowace mace haka take, mai yiwuwa tarihin kanta take ba ki, ta sha nata ba wanda ya tambaye ta. Maimakon gardama ki tambaye ta yadda nata ya kasance, da na 'yan'uwanta mata. Amsar tana da amfani har a asibiti, domin cutar tana bin dangi. Maganar haihuwa kuwa, ciki yakan kwantar da alamun na ɗan lokaci saboda al'ada ta tsaya, amma ba ya warkarwa, sau da yawa ciwon yana dawowa. A wurin aiki, takardar likita da magana ɗaya da shugabanki a keɓe sun fi uzurin kowane wata, kuma ba dole ki faɗi sunan cuta ba.

Ba ki yi laifi da kika rubuta ba, kuma ba ki yi laifi da kika goge ba. Abin da kika ci karo da shi tsohon abu ne. In ana ba da labarin ciwon mace, an saba da iri biyu: jarumar da ta daure ba wanda ya ji bakinta, sai a yabe ta, ko abar tausayin da ta riga ta galabaita, sai a yi mata kuka. Wadda ke tsakani, tana zuwa aiki, tana dariya a hoto, kuma tana cewa ina jin ciwo ina neman magani, ita ce mutane ba su san inda za su ajiye ta ba, sai su ce neman suna take. Mai haihuwa biyar ɗin nan ma ban ɗauke ta muguwa ba. An koya mata cewa shirunta shi ne darajarta, sai ga ki kina magana, abin ya zame mata kamar an rage kuɗin dauriyarta. Amma ciwo ba gasa ba ne, naƙudarta ba ta auna mararki ba. Mai tausayi na gaskiya ba ya cewa "na san yadda kike ji", ba ya kawo nasa ya ɗora a kan naki. Tambaya yake yi, a ina, tun yaushe, me zan yi miki, kuma ya yarda da amsar.

In kina son sake rubutawa, ki fara tambayar kanki me kike nema. In shaida kike nema cewa ciwonki gaskiya ne, kada ki neme ta a wurin baƙi, ranar da suka hana ki za ki ƙara shakkar kanki, kamar yadda ya faru. In kuma so kike wata ta gane alamun da wuri, to rubutun yana da amfani sosai. Ki rubuta a lokacin ciwo in kin so, amma kada ki wallafa sai ya lafa kin sake karantawa. Ki faɗi abin da ya faru daki-daki, ba sai kin ƙawata ba kuma ba sai kin nemi afuwa ba, bayani tsurarsa ya fi tarin kalmomin azaba shiga zuciya. Abin da ya shafi shimfiɗarku na ku biyu ne, kada ya fita sai da yardarsa. Kada ki ambaci sunan likita ko asibiti. Ki taƙaita waɗanda za su iya yin sharhi, ko ki rufe shi gaba ɗaya, ba ki da bashin amsa wa kowa. Ki kuma yi hattara da waɗanda za su biyo ki da tallan maganin da wai yana wanke mahaifa, irin wannan rubutu shi suke farauta.

In kuma kin ga fili bai yi miki ba, matan da suka turo miki saƙo a ɓoye suna nan. Ki amsa musu, ki gaya musu yadda ake rubuta littafin ciwo da cewa hoto mai kyau ba ƙarshen bincike ba ne, amma kada ku riƙa rubuta wa juna magani, kowace ta kai nata littafin gaban likita. Ke ma ki fara naki yau, kada ki jira wata mai zuwa, kuma ki nemi ranar ganin likitan mata tun yanzu tunda layin kan yi tsawo. In kin samu sakamako ki sake rubuto mini mu duba mataki na gaba tare. Allah ya yaye miki.